Muzuru Da Shan Wahala, Ɓera Da Shan Tafi: Labarin Katun Ɗin Da Ya Ci Oscar A 1947

Sunan Idi-Araba da Yarbanci yake, ma'anarsa kuwa gindin rimi. A wannan unguwa ta Ƙaramar Hukumar Mushin, inda Asibitin Koyarwa na Jami'ar Legas yake, yaron da aka haifa a gidan Hausawa kan tashi da harsuna uku a baki: Hausa a tsakar gida, Yarbanci a bakin titi, Turancin buroka a kasuwa da tashar mota. Haka abin yake a Agege, inda fataucin goro da layin dogo suka zaunar da Hausawa tun farkon ƙarnin da ya wuce. Sai dai akwai kallo guda da bai bukatar ko ɗaya daga cikin harsunan nan. In aka kunna Tom da Jerry a shagon aski ko a wayar wani babba, ɗan Bahaushe da ɗan Bayarabe da ɗan Ibo kan tuntsire da dariya a lokaci ɗaya, ba tafinta, ba mai fassara irin na fina-finan Indiya.

Iyayensu ma sun yi irin wannan dariya, wasu a zamanin da gidajen talbijin na NTA kan buɗe tasha da yamma su fara da shirin yara, wasu a zamanin faifan bidiyo na kasuwar Alaba, wasu kuma ta tashar Cartoon Network. Daga 1940 zuwa 1958, William Hanna da Joseph Barbera sun yi wa kamfanin MGM gajerun katun 114 na wannan muzuru da ɓeransa. (Yara kan ce mage ko kyanwa, amma Tom namiji ne, don haka muzuru ne sunansa.) A cikinsu akwai guda ɗaya da wanda ya gani ba ya mantawa, ko da bai taɓa sanin sunansa ba: wanda Tom ya sa baƙar kwat mai jela ya zauna gaban fiyano. Sunansa The Cat Concerto. Tsawonsa bai wuce minti bakwai da 'yan kai ba, ya kuma karɓi lambar Oscar ranar 13 ga Maris, 1947, makonni shida kafin a sake shi ga gidajen silima a ranar 26 ga Afrilu.

Yaro na ganin faɗan muzuru da ɓera. Babban da ya taɓa yin aiki a ƙarƙashin wani, in ya sake kallonsa, tambaya ɗaya zai gani daga farko har ƙarshe: wa ya yi aikin, wa ya sha tafin?

Abin da ya faru a kan dandamali

Tom ya fito gaban 'yan kallo da taƙama irin ta gwanaye. Ya rusuna, ya gyara zaman kujera, ya goge hannuwa, sannan ya ɗora yatsu ya soma kiɗa a hankali, ido a lumshe.

Nan sai an yi wa mai karatu ɗan bayani, domin fiyanon da Bahaushe ya fi sani shi ne na lantarki, wanda situdiyoyin Kano suka gina kiɗan fina-finan Hausa a kansa. Wancan ba kowa a cikinsa sai waya. Babban fiyanon zaure kuwa akwati ne mai rai. Yana da maɓallai 88, farare 52, baƙaƙe 36, kowanne in aka danna shi sai ya ɗaga wata 'yar guduma mai laushin kai ta bugi tsirkiya. A kan waɗannan gudumomi Jerry ya shimfiɗa yana sharar barci. Kiɗa na tashi, suka soma jefa shi daga wannan zuwa waccan.

Da ya farka bai zo da faɗa ba. Hawa ya yi saman fiyanon yana kaɗa yatsa kamar madugun makaɗa, sai Tom ya sa yatsa ya ƙyasta shi gefe kamar ƙuda. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Daga wannan wulakanci aka ja daga. Jerry ya rufe murfin fiyano a kan yatsun Tom. Ya ɗauko almakashi yana neman datse su. Ya cire maɓallai biyu ya ɗana tarkon ɓera a gurbinsu, Tom ya yi ta kewaye tarkon da gwaninta har ya faɗa, yatsa ya kumbura. Can kuma ɓeran ya koma ciki ya juya kiɗan gaba ɗaya zuwa wata waƙar jaz, On the Atchison, Topeka and the Santa Fe, wadda ta fito a wani fim na MGM na 1946, kuma ita ce ta ci lambar waƙa a daren da katun ɗin ya ci tasa. Tom ya cusa shi cikin kujera, shi kuwa ya kama marikin kujerar ya cilla muzuru sama ya dawo da shi ƙasa.

Duk wannan bidiri, kiɗa bai yanke ba. A nan gwanintar fim ɗin take. Ko da Tom ya hau kan fiyano yana laluben ɓera da hannu, da yatsun ƙafa ya ci gaba da kaɗawa. 'Yan kallon da ke zaure ba su san ana yaƙi ba. Abin da kunnensu ke ji daidai yake fita.

A ƙarshe Tom ya jefa Jerry cikin gudumomi, suka yi masa jina-jina. Ɓera ya fito a fusace, ya karya guduma biyu, ya shiga bugun tsirkiya da kansa daga ciki. Yanzu fa kiɗan ya bar hannun mai kiɗa. Maɓallai na rawa da kansu, dole Tom ya bi su da yatsu don kada asiri ya tonu. Duk lokacin da ya kai ƙarshe ya miƙe zai karɓi tafi, sai Jerry ya sake ɗauko kiɗan daga baya, da saurin da ya fi na ɗazu. Kwat ta yage, gumi ya jiƙe shi, ya kife a kan fiyano ba numfashin kirki. Fitila ta haska, sai ga Jerry cikin tasa 'yar kwat, yana rusuna wa jama'a, zaure ya ɗauki tafi.

Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi. Bahaushe ya riga Hollywood faɗar wannan.

Kiɗan da ya yi shekara ɗari kafin muzuru ya taɓa shi

Abin da Tom ke kaɗawa shi ne Hungarian Rhapsody na biyu, na Franz Liszt, ɗan ƙasar Hangari da aka haifa a 1811 ya rasu a 1886. Ya tsara shi a 1847, aka buga shi a 1851, ɗaya ne daga cikin irinsa 19. A zamaninsa Liszt ya yi farin jinin da sai da marubuci Heinrich Heine ya ƙirƙiro wa haukan masoyansa suna. Don haka taƙamar da Tom ya shigo da ita ba daga sama ta faɗo ba. Shaguɓe ne ga irin wannan gwani da jama'arsa.

Kiɗan kashi biyu ne: na farko mai nauyi da jan rai, na biyu mai gudu da ke ƙara wuta har ya kai inda yatsu ke neman gagarar mai su. Wanda ya taɓa tsayawa a da'irar makaɗan kalangu ya san wannan tsari, yadda akan soma a sanyaye kafin kiɗa ya yi zafi. Haka kuma mutumin da ya tashi tsakanin kalangun Hausa da gangan na Yarbawa bai bukatar a gaya masa cewa kiɗa na magana. A unguwa irin Idi-Araba an saba jin ganga ta kira sunan mutum, ta yi masa kirari, ta yi wa abokin hamayyarsa habaici, ba tare da baki ya buɗe ba. Katun ɗin da ba kalma ɗaya a cikinsa, wanda kowane mari da kowace faɗuwa ke sauka daidai kan bugun kiɗa, ba baƙon abu ne ga irin wannan kunne ba.

Shi kansa Liszt bai tsira daga tambayar mai aiki da mai shan tafi ba. Karin da ya gina waɗannan kaɗe-kaɗe a kai ya ji su ne a wurin makaɗan Romawa, wato al'ummar nan masu yawo da ake kira Jifsi, har ya rubuta littafi a 1859 yana danganta kiɗan Hangari gare su, abin da ya ɓata wa 'yan ƙasarsa rai ƙwarai. Daga baya aka gane cewa da yawa daga cikin karin, wasu 'yan Hangari ne suka tsara su, Romawa suka yaɗa su. Yau sunan Liszt kaɗai ke kan takarda.

Wanda ya hau dandamali a Los Angeles

A zauren Shrine da ke Los Angeles, sunan da aka rubuta wa lambar The Cat Concerto shi ne Fred Quimby, shugaban sashen katun na MGM. Quimby mutumin ofis ne, daga harkar sayar da fina-finai ya fito. Ba ya zane, ba ya tsara labari, waɗanda suka yi aiki da shi kuma sun sha faɗa cewa ba mai raha ba ne. Aikinsa kasafin kuɗi da tsayawa tsakanin masu zane da manyan kamfani. Tom da Jerry sun ci Oscar bakwai, na shekarun 1943, 1944, 1945, 1946, 1948, 1951 da 1952, duka bakwai ɗin da sunan Quimby aka ba da su, domin a ƙa'idar lokacin furodusa ake bai wa. Hanna da Barbera ba su hau dandamalin ba.

Abin ya samo asali tun daga fim na farko, Puss Gets the Boot, na Fabrairun 1940, lokacin muzurun na amsa sunan Jasper. Hanna da Barbera ne suka yi shi, amma sunan Rudolf Ising ya fito a allo, nasu bai fito ba. Quimby ma bai so a ci gaba da labarin kyanwa da ɓera ba, sai da fim ɗin ya shiga takarar Oscar, masu gidajen silima kuma suka nemi ƙari. Hatta sunayen Tom da Jerry, wani mai zane ne a kamfanin, John Carr, ya kawo su a gasar da aka sa tsakanin ma'aikata. Ladansa dala 50.

Ga yadda aikin yake a zahiri. Fim na tafiya da hoto 24 a kowace daƙiƙa, wato minti bakwai na cin hoto fiye da 10,000. Barbera ke tsara labari ya zana yadda kowane yanayi zai kasance. Hanna, wanda ke da kunnen kiɗa, shi ke auna lokaci: hoto nawa yatsa zai ɗauka kafin ya sauka, hoto nawa ɓera zai yi a sama kafin ya faɗo. A katun irin wannan, kuskuren hoto biyu ko uku ya isa ya raba yatsa da sautinsa, dariya ta mutu. Kenneth Muse da Ed Barge da Irven Spence suka zana motsin, Scott Bradley ya daidaita kiɗan Liszt da rikicin. Waɗannan sun samu sunansu a allo. A bayansu akwai ɗakin masu bin layi da tawada da masu shafa launi, mafi yawansu mata, waɗanda ke cika dubban zane ɗaya bayan ɗaya. Ba a rubuta su ba.

Wanda ya fi ban mamaki shi ne mai kiɗan kansa. Fim ne da ya tsaya kacokan kan fiyano, amma ba a sa sunan wanda ya kaɗa fiyanon ba. Har yau masu tarihin katun na ambaton suna fiye da ɗaya, ciki har da Calvin Jackson, wani Ba'amurke baƙar fata da ya yi aiki a sashen kiɗa na MGM a shekarun. Sai a Johann Mouse na 1953, wanda ya kawo Oscar ta bakwai, aka rubuta sunan mai fiyano, Jakob Gimpel, a allo.

Akwai kuma matar nan baƙar fata mai aikin gida da ke fitowa a wasu daga cikin fina-finan farko, wadda kusan kullum ƙafafunta da tsintsiyarta kawai ake gani. Ba ta cikin The Cat Concerto, amma labarinta na cikin wannan lissafi. Lillian Randolph ce ta yi muryarta shekara da shekaru ba tare da an rubuta sunanta ba. An daina fito da matar a 1952 bayan ƙorafin masu fafutukar 'yancin baƙaƙen fata, a 2014 kuma kamfanonin da ke sayar da tsofaffin fina-finan ta intanet suka liƙa musu gargaɗi kan wariyar launin fata. Mai kallo daga Afirka na da haƙƙin ya yi dariya, ya kuma san wannan.

Zomo ma ya ce nasa ne

Wata biyar kafin fitowar The Cat Concerto, a ranar 9 ga Nuwamba, 1946, kamfanin Warner Bros. ya saki Rhapsody Rabbit na darakta Friz Freleng. A ciki zomon nan Bugs Bunny ya sa kwat mai jela, ya zauna gaban fiyano, ya kaɗa Hungarian Rhapsody na biyu, wani ɓera da ke cikin fiyanon ya hana shi sakat, a ƙarshe ɓeran ya ƙwace kiɗan. Kamar an tsaga kara. Kamfanonin biyu suka zargi juna da satar fasaha. Labarin da ya fi yawo shi ne cewa kamfanin Technicolor, wanda ke wanke wa dukansu fim, ya aika wa ɗaya kayan ɗaya bisa kuskure, amma ba a taɓa yanke hukunci ba. Wannan kiɗa dai tsohon abincin masu katun ne: Mickey Mouse ya kaɗa shi a 1929, Freleng kansa ya gina wani fim a kansa a 1941.

Na zomon ya riga fita, na muzurun ya ci lamba. Inda wani ya yi rawa aka ba shi kuɗi, wani ko kallo bai samu ba. In za a faɗi gaskiya, alƙalan ba su yi kuskure ba. Zomo ba shi da tsohuwar gaba da ɓera, kuma Bugs ya saba cin nasara, don haka ba ka jin tsoron zai kunyata. Tom kuwa mutuncinsa gaba ɗaya na kan wannan dare, kuma mai kallo ya san da wa ya haɗu. Yau rigimar ta zama tarihi, domin ta hanyar cinikin kamfanoni duka fina-finan biyu sun koma mallakar Warner.

An umarce ni da in sanar da kai

Ma'aikacin gwamnati ba ya bukatar dogon sharhi a nan. Ɗaya daga cikin ginshiƙan aikin gwamnati da aka gada daga Ingila shi ne ɓoye sunan ma'aikaci: shi ke nazari, shi ke rubutu, amma minista ke magana, shi ke karɓar yabo, shi kuma ya kamata ya karɓi zargi. Shi ya sa wasiƙar ofis kan fara da cewa an umarci mai sa hannu ya sanar da kai abu kaza. Jami'in da ya kwana yana haɗa alƙaluman kasafi, da hadimin da ya rubuta jawabin da aka tafa wa mai gida a zauren taro, duka a cikin fiyano suke zaune.

Wannan tsari na da hujjarsa, kuma ba zalunci ne a kan kansa ba. Wanda ya sha tafi shi ake kira gaban kwamitin majalisa ranar da lissafi ya ƙi fita. Quimby ma, duk da abin da ake faɗa a kansa, shi ya riƙa karɓo kuɗin da suka ba masu zanensa damar ɓata makonni a kan minti bakwai. Inda tsarin ke lalacewa shi ne ranar da na sama ya riƙe yabo ya tura zargi ƙasa.

Kiɗan Hausa ya daɗe da sanin wannan rabo. Babu wanda bai san Mamman Shata ba, wanda ya rasu a 1999, amma mutum nawa ne za su iya lissafa makaɗan kalangun da suka riƙe masa waƙa shekara da shekaru? Waƙoƙin Musa Ɗanƙwairo ba sa tsayuwa sai da 'yan amshi, waɗanda ke karɓa su kuma yi ƙari. Ɗan Maraya Jos ne ya fita daban, shi da kuntiginsa kawai, ba wanda zai ce an ci guminsa. A farkon fina-finan Kano kuwa, 'yan kallo da dama sun ɗauka jarumin da ke motsa baki shi ke rera waƙar, kafin mawaƙan situdiyo su fito su yi nasu sunan.

To, a cikin katun ɗin wane ne ma'aikacin? A nan fim ɗin ya fi yadda ake zato wayo. Da farko za a ce Jerry ne, tunda shi ke ciki inda ba a gani, kuma a ƙarshe shi ke tuƙa kiɗan yayin da na kan kujera ke bin maɓallai da yatsu yana nuna kamar shi ke yi. Duk wanda ya taɓa ganin babba na karanta jawabin da bai taɓa gani ba sai a kan mumbari ya san wannan hoto. Amma in aka ƙirga, Tom ne ya kaɗa kusan dukkan kiɗan, da yatsa a kumbure, da ƙafa, da kujera na cilla shi sama, bai bar sauti ɗaya ya faɗi ƙasa ba. Jerry ya ɓata minti shida yana ɓarna, ya yi aikin minti ɗaya, ya zo daidai lokacin da fitila ta kunnu. Kowace ma'aikata na da irinsa, kuma sau da yawa shi ake gani a hoton rufe taro. Hanna da Barbera, waɗanda suka riga suka ga Oscar uku sun wuce ta gabansu zuwa ofishin wani kafin su yi wannan fim, su ne suka zaɓi ya ƙare a haka.

Quimby ya yi ritaya a 1955, su biyun suka gaji kujerarsa. A 1957 MGM ta rufe sashen katun baki ɗaya, bayan ta lura cewa sake nuna tsofaffin fina-finan na kawo kuɗi ba tare da an kashe na yin sababbi ba. A shekarar suka kafa nasu kamfani, suka sa masa Hanna-Barbera, wanda ya fito da The Flintstones a 1960 da Scooby-Doo a 1969. Hanna ya rasu a 2001, Barbera a 2006.

A birnin Shenyang na ƙasar Sin, wani yaro da aka haifa a 1982 ya ga The Cat Concerto a talbijin yana ɗan shekara biyu. Sunansa Lang Lang, kuma ya sha faɗa cewa wannan katun ne ya fara sa masa sha'awar fiyano, saboda yadda yatsun Tom ke gudu a kan maɓallai. Shi ne ya kaɗa fiyano a bikin buɗe gasar Olamfik ta Beijin ranar 8 ga Agusta, 2008.